Darasin Farfesa Bassey Andah ga Abuja

Farfesa Bassey Andah, masanin tono kayan tarihi na Jami'ar Ibadan wanda ya kai muƙamin mataimakin shugaban jami'ar, ya rasu a 1997 yana shugabancin ƙungiyar masana fannin ta duniya. Ya dage cewa 'yan Afirka ne suka fi cancanta su fassara tarihinsu, kuma kiran nasa bai tsufa ba. A Taruga, kusa da Abuja, an gano murahun narka tama na mutanen Nok masu shekaru sama da 2,000, amma ɓarayi na ci gaba da fitar da gumakan Nok zuwa Turai. Muddin gwamnatin tarayya ba ta ware wa jami'o'i kuɗin tono ba, baƙi ne za su riƙa rubuta tarihin Najeriya.