Kotu ta sallame shi, amma magana ba ta ƙare ba



Bara wata ɗalibata ta yaƙi da jahilci ta rasu wurin haihuwa. An kai ta asibitin gwamnati da dare. Likitan da ke da aikin kwana ba ya nan, ya tahi sha'aninsa. Kahin a nemo shi, jini ya ƙare mata. An kai ƙara. Alƙali ya sallame shi, don babu shaidar da ta tabbatar cewa da yana nan da ta rayu. Sai mutane suka ce: "Shi ke nan, kotu ta wanke shi, a bar wa Allah."

Ni ban yarda ba. Ga dalilina.

Tambayar alƙali ɗaya ce: shin wannan mutum ya aikata laihin da za a kai shi kaso? In da shakka, dole a sake shi. Haka ya dace, don kada a ɗaure marar laihi. Amma gwamnatin da ke biyansa albashi tana da tata tambaya: ya tsaya wurin aikinsa daren nan, ko bai tsaya ba? Kotu ba ta ce ya tsaya ba.

Dokar ma'aikatan gwamnatin Nijar ta 2007 ta tanadi majalisar ladabtarwa. Ana iya yi wa ma'aikaci gargaɗi, a dakatar da shi, a rage masa girma, ko a kore shi. Ba sai an ɗaure shi ba.

A Ingila, cikin 1957, kotu ta sallami likita John Bodkin Adams daga zargin kashe wata tsohuwa. Shekarar ba ta ƙare ba aka kama shi da laihin ƙarya cikin takardun magani, majalisar likitoci ta hana shi aiki. Sai 1961 aka mayar da shi.

Wani zai ce: "Malam, ai hukunci biyu ke nan kan abu guda." A'a. Makiyayin da ya bar garke ya tahi kasuwa, kura ta ci akuya, ba ɓarawo ba ne. Amma wa zai sake ba shi kiwo bai tambaye shi ba?

Ban ce a zalunci likitoci ba. Da yawansu suna aiki ba jini, ba wuta, ba mataimaki. In ɓera da sata, daddawa ma da wari. A kira likita, a ji ta bakinsa. In laihin na asibiti ne, a gyara asibiti.

Ku da kuka iya rubutu yanzu, ku rubuta rana, da lokaci, da abin da idonku ya gani. Ku kai takardar ga shugaban asibiti, ku ajiye kwahinta. Haƙuri na Allah ne, amma yin shiru shi zai kashe ta gaba.