Baƙon da Ba Ya Sallama

A ƙasar Hausa ba a faɗa wa gidan mutum haka kawai. In baƙo ya zo, sai ya tsaya a ƙofar zaure ya yi sallama. In an amsa, a aiko yaro ya ga ko wane ne, da kuma wanda yake nema. In mai gida yana cin abinci ko yana barci, sai a ce wa baƙon ya dakata, ko ya komo an jima, shi kuwa ba ya jin haushi. Ko a ƙofar Yandaka a Dutsin-Ma, ko a ta Maraɗi a Kurfi, inda jama'a ke zuwa kullum da bukatunsu, ba mai kutsawa sai an yi masa iso.

To, yara, yau akwai wani baƙo da ya shigo mana gidaje, bai san wannan ladabi ba. Ba ya sallama, ba ya jiran iso, bai san dare ba bai san rana ba. Mazauninsa cikin wayar hannu ne, da kwamfutar hannun nan mai faɗi wadda ta yi kama da allo. Kuna cikin karatu sai ku ji ƙyas, allon ya yi haske, rubutu ya fito daga sama: wai wane yana gayyatarku wasa, wai wance ta aiko muku da kyauta, wai kun kwana biyu ba ku leƙo ba. Sunan wannan baƙo sanarwa. Ra'ayina game da shi kuwa shi ne a rufe masa ƙofa, a bar ƙaramar kafa ga wanda ya zo da magana mai amfani kaɗai.

Kada ku zaci ina ƙin allon ne. Ko kusa. Tun daga 2015 duk mai son shiga jami'a a Nijeriya da kwamfuta yake ɗaukar jarrabawar JAMB. Wanda ke fatan wata rana ya shiga Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma, wadda aka kafa a 2011, ko Kwalejin Ilmi ta Isa Kaita, tilas hannunsa ya saba da irin waɗannan na'urori tun yana ƙarami. A 2022 kuma Ma'aikatar Ilmi ta Tarayya, tare da UNICEF, ta buɗe wata taskar darussa a intanet mai suna Nigeria Learning Passport, inda yaro zai karanta lissafi da kimiyya kyauta. Allon abokin karatu ne na ƙwarai. Abin da nake ƙi shi ne a saye shi da tsada domin karatu, sa'an nan waɗansu can nesa su mai da shi kasuwarsu.

Bari in gaya muku asalin gayyatar nan, don in kun san inda ta fito ba za ta ruɗe ku ba. An kafa dandalin Facebook a Amurka a 2004. Ba a daɗe ba sai masu ƙera wasanni suka ga jama'a ta taru a can, suka kai hajarsu. A 2009 wani kamfani mai suna Zynga ya fito da wasan FarmVille, watau wasan noma. Mutum zai yi shuka a gonar hoto, in bai dawo ya girbe a kan kari ba sai amfanin ya bushe, in kuwa yana son gonar ta bunƙasa sai ya jawo abokansa su zama maƙwabtansa. A 2012 wani kamfanin kuma, King, ya kawo Candy Crush Saga, wasan jera alewa masu launi, uku uku iri ɗaya. A cikinsa ana ba mai wasa rai 5. Ko wane faɗuwa ya yi, rai ɗaya ya tafi, kuma sai bayan minti 30 wani zai dawo. Wanda ba shi da haƙurin jira, hanya biyu gare shi: ko ya biya kuɗi, ko ya roƙi abokansa su aiko masa.

Kun ga dabarar? An sa wa mutum ƙishirwa da gangan, sa'an nan aka ce ba zai sha ba sai ya biya, ko ya kawo wani bakin rijiyar. Da ya danna wuri ɗaya, roƙon ya bazu ga mutane da yawa a lokaci guda, har da waɗanda bai tuna da su ba, har da kawunsa da malaminsa. Abin ya dami duniya ƙwarai, har a 2015, sa'ad da Mark Zuckerberg, shugaban Facebook, ya je ganawa da ɗalibai a birnin Delhi na Indiya, cikin tambayoyin da aka yi masa akwai yadda za a raba mutane da gayyatar Candy Crush, ya kuwa amsa cewa suna neman maganin abin. Kada ku raina wasan alewa: a 2016 an sayi kamfanin King a kan dala biliyan 5.9. Kuɗin nan ba daga sama suka faɗo ba, daga aljihun masu wasa suka fito, su kuwa masu wasan da gayyata aka tara da yawansu.

Ita kuwa gonar FarmVille ta farko, an rufe ta a ƙarshen 2020. Duk wanda ya shekara goma yana tashi da dare don ya girbe kabewar hoto, ya wayi gari ba gona ba rumbu. Abin dariya ne a ce yaron da mahaifinsa ke da gonar gero da dawa, ko lambun tumatir da albasa a gefen madatsar ruwa ta Zobe, ya bar ban ruwa na gaske ya tafi ban ruwa na hoto.

Yanzu mu yi lissafi, tun da ku 'yan makaranta ne. A ce allon Yayanku yana ƙara sau 30 a rana, ko wace ƙara kuma ta ɗauke hankalin mai karatu minti 2 kafin ya komo inda ya tsaya. Minti 60 ke nan, watau awa 1. A mako awa 7. A zangon karatu mai mako 12, awa 84. In ana yin awa 6 a makaranta ko wace rana, to, an yi asarar kwana 14 na karatu ke nan, ba ciwo ba tafiya. Wannan misali ne kurum na kawo, ko wane ɗayanku ya ƙidaya nasa ya gani. Amma ni a ganina minti 2 ɗin ma na yi rangwame. Wanda ke tsakiyar raba dogon lissafi, aka katse shi, sau da yawa sai ya koma daga farko. Hankali kamar ruwan randa yake, in an motsa shi ba ya kwantawa nan da nan.

Ban da lokaci akwai caji da data. Duk sa'ad da allon ya farka ya yi haske, batir yana raguwa, wasannin kuma suna jan data a ɓoye don su kawo talla. A garuruwanmu, inda wutar lantarki ba kullum take samuwa ba, har sai an kai na'ura shagon mai caji an biya, wannan ba ƙaramar ɓarna ba ce. Akwai kuma wadda ta fi ta muni. Ɓarayi sun koyi shigar baƙon nan. Sai su aiko da saƙo wai an ci kyautar data ko ta kuɗi, a danna nan, ko a turo lambobin da aka aiko yanzu. Wanda ya saba danna duk abin da ya faɗo, ba ya tsayawa dubawa, shi ake raba wa da shafinsa, a riƙa roƙon 'yan'uwansa kuɗi da sunansa.

Na san abin da waɗansunku za su ce, domin na sha jinsa wajen rangadin makarantu, har daga bakin manya. Za su ce, "Malam, ai gayyata ce. Ɗan'uwa ya tuna da kai ya kira ka, ka toshe shi? Ina zumunci?" Wannan magana ba ta banza ba ce, kuma tarbiyya ce ta sa ake yin ta. Mu mutane ne masu girmama kira. In an kawo goron biki ko na suna, ko ba ka da lafiya ka aika a yi maka uzuri. Amma ku duba bambanci. Mai kawo goro ya taka da ƙafarsa, ya zaɓe ka, ya san sunanka da na mahaifinka, in ba ka je ba zai ga gurbinka. Mai gayyatar wasa fa? Sau da yawa bai ma san ta iso gare ka ba. In ka gamu da shi ran Laraba a kasuwar Dutsin-Ma ka ce, "Na ga kiranka," sai ya ce, "Wane kira?" Na'ura ce ta ari sunansa ta ƙwanƙwasa maka ƙofa. Ba a jin kunyar na'ura. Har wa yau, in ka kashe irin wannan sanarwa ba a gaya wa abokinka, abotarku tana nan yadda take.

Waɗansu kuma sun zarce wancan gefe, suka ce a kashe kome da kome a huta. Su ma ban bi su ba, dalilina kuwa mutanen yankinmu sun san shi sarai. A watan Satumba na 2021, saboda matsalar 'yan bindiga, an rufe layukan waya a ƙananan hukumomi 13 na Jihar Katsina, har da Dutsin-Ma da Kurfi da Safana da Batsari, ba a fara buɗe su ba sai a Disamba. Ku tambayi iyayenku abin da suka rasa a watannin nan. Ba wanda zai ce ya yi kewar gayyatar wasa. Abin da aka yi kewa shi ne muryar ɗa da ke karatu a Zariya, da labarin lafiyar Gwaggo, da kuɗin da ɗan'uwa zai turo daga Legas, har mutum ya hau mota ya yi tafiya don ya sami inda zai buga waya ɗaya. Wannan ya nuna mana wane saƙo ne mai daraja. Laifin sanarwar banza mafi girma shi ne takan binne irin wannan saƙo. In allo ya yi ƙara sau 30 ba a ga kome ba sai alewa, ran da ya yi ta 31 da labarin cewa hanya ba lafiya kada a biyo ta, wa zai duba?

Saboda haka aikin na tsintar tsakuwa ne daga cikin shinkafa, kuma ba shi da wuya. Amma da fari ku sani, dokar Facebook ba ta yarda wanda bai kai shekara 13 ya buɗe shafi ba. Yawancinku allon Baba ne ko na Yaya kuke ara. Kada ku taɓa saitin kayan mutum ba da izninsa ba. Ku je da ladabi ku ce, "Yaya, in ka yarda mu kashe ƙarar wasannin nan, suna hana ni karatu," ku zauna tare ku yi.

In allon mai tsarin Android ne, ku ja yatsa daga saman gilashin zuwa ƙasa, sanarwar da ta taru za ta bayyana. Ku ɗora yatsa a kan wadda ba ku so, ku riƙe kaɗan, za a ba ku zaɓin kashe ta. Hanya mafi tsabta kuwa ita ce a shiga Saituna, inda aka yi alamar ƙafar inji mai haƙora, a nemi sashen sanarwa. Nan za a ga sunayen manhajoji a jere, ko wace da makunninta. A kashe na wasanni duka, ba tausayi. Haka abin yake a iPad, sai ɗan bambancin zane. A cikin Facebook kanta, ko wace sanarwa tana da ɗigo uku a gefenta, in an danna za a iya cewa kada a ƙara kawo irinta, a cikin saitunanta kuma akwai inda ake cire wasannin da aka taɓa ba izni. Wanda Turanci ke ba shi wuya ya juya ta Hausa, gama tun 2016 aka sa harshenmu a ciki. Kamfanonin nan sukan sāke wa maɓallai wuri lokaci lokaci, amma akwai gurbin bincike a saman Saituna, a rubuta abin da ake nema.

Abu ɗaya nake gargaɗinku a kai. Kashe gayyatar mutum daban, toshe mutumin kansa daban. Na biyun yana yanke abota a dandalin ɗungum, ba ya ganinka ba ka ganinsa. Wannan maganin mai zagi ne da mai damfara, ba na ɗan ajinku da wasa ya ari sunansa ba.

Mafi sauƙi duka shi ne a tare baƙon tun a zaure. Daga Android 13, wanda ya fito a 2022, sabuwar manhaja ba ta fara aiko da sanarwa sai ta nemi izni. Haka ma waɗansu shafukan intanet, da an buɗe su sai su tambaya ko a yarda su riƙa aiko da labari. Mutane da yawa suna amsa i don a ba su hanya su wuce, alhali ko sun ce a'a za su wuce. Ku karanta tambayar kafin ku amsa. In wasa ne ko shafin da ba ku sani ba, ku ce a'a.

Ga lokacin karatu da na barci kuma akwai wani makunni da ke cewa kada a dame ni. A iPad alamarsa jinjirin wata, a yawancin na'urorin Android da'ira ce mai gajeren layi a tsakiya. In an kunna shi allon zai yi tsit, amma ana iya zaɓen mutanen da za a bar kiransu ya shigo ko yaushe. A sa Baba da Inna, a sa Yaya da ke nesa, a sa Malam da mai unguwa. Ana kuma iya sa masa lokaci, a ce daga bayan magariba zuwa ƙarfe 9, sa'ad da kuke aikin gida, ya riƙa kunna kansa ko wace rana ba sai an tuna ba.