Araha Ba Ta Ado: Satar Fasaha a Wasannin Kwamfuta

A garuruwa irin su Ƙauran Namoda da Shinkafi da Zurmi, matashi kan miƙa kwamfutarsa ga masu tura fina-finai, su zuba masa wasan ƙwallo na sata a kan kuɗi ƙalilan. Yana ganin ya ci riba, alhali kwaɗayi mabuɗin wahala ne.

A shekarar 2021 kamfanin Avast ya bankaɗo muguwar manhajar Crackonosh, wadda aka ɓoye cikin kwafin sata na wasanni kamar PES 2018. Ta harbi kwamfutoci fiye da 220,000, ta kashe musu kariya, ta riƙa amfani da ƙarfinsu tana haƙo wa ɓarayi kuɗin intanet.

Bayan hasara kuma ga ɗaukar alhaki. Satar fasaha na cikin abubuwan da suka durƙusar da kasuwar faifan fina-finan Hausa a Kano. Gumin mai ƙirƙira kuwa ɗaya ne ko'ina.

Rashin kuɗi ba hujja ba ne. Tun 2021 kamfanin Konami ya mayar da PES zuwa eFootball, wanda ake saukewa kyauta ta halattacciyar hanya. Wanda ya samu ƙofa a buɗe, me zai kai shi haura katanga?