Yadda gasar wasannin ƙananan makarantu ta yi ta mutuwa a ƙauyukan Amurka

Jama'a, yau za mu leƙa ƙasar Amurka, jihar Indiyana, inda makarantun sakandare na karkara suka daɗe suna haɗuwa biyar, shida ko takwas su kafa ƙungiyar gasa tasu, su tsara ranakun karawa, su fitar da zakara a ƙarshen shekara. Da yawa daga cikin waɗannan ƙungiyoyi ba su yi tsawon rai ba. Abin da ya kashe su ya shafi duk wanda ke da rumfa a ƙaramin gari.

A shekarun 1950 kusan kowane ƙauye a Indiyana yana da sakandarensa, kuma wasan da aka fi ji da shi shi ne ƙwallon kwando. Makarantun gunduma ɗaya sukan yi gasa tsakaninsu, don tafiyar ba nisa, kuɗin mota kaɗan, kuma 'yan kallo maƙwabtan juna ne. Daren Juma'a gari kan cika. Mai abinci ya yi ciniki, mai sayar da man fetur ya yi, kuɗin shiga kallo kuma ya sayi riguna da ƙwallaye.

Labarin da har yau suke alfahari da shi na garin Milan ne. A 1954 makarantar garin, mai ɗalibai 161 kacal, ta doke Muncie Central mai ɗalibai sama da 1,600 da ci 32 da 30 a wasan ƙarshe na jiha baki ɗaya, bayan wani ɗan wasa, Bobby Plump, ya jefa ƙwallo ana daf da tashi. A kan wannan ne aka gina fim ɗin Hoosiers na 1986.

To, shekara biyar bayan wannan nasara, a 1959, majalisar jihar ta yi dokar haɗe hukumomin ilimi na yankuna. Hujjar gwamnati ba ta banza ba ce: makaranta mai ɗalibai 80 ba ta iya ɗaukar malamin kimiyya ko gina ɗakin gwaje-gwaje. Hukumomin da suka haura 900 suka ragu zuwa ƙasa da rabin haka cikin kimanin shekara goma. Haka abin ya kasance a ƙasar baki ɗaya, inda ake da irin waɗannan hukumomi sama da 100,000 a wajen 1940, yanzu kuwa wajen 13,000 ne.

Ita ƙungiyar gasa lissafinta kamar na adashi ne. Idan makarantu shida ne, aka haɗe uku suka zama ɗaya, saura huɗu, kuma sabuwar ta fi ƙarfin sauran. Ita ta nemi tsararrakinta a wani wuri, ragowar ukun ba su isa su cika jadawali ba. Sai su nemi wasu a gunduma mai nisa su kafa sabuwar ƙungiya, ta yi 'yan shekaru, a sake haɗe wasu, ita ma ta watse. Ba rigima ko almundahana ke rushe su ba, mambobin ne ke ƙarewa. Garin da aka ɗauke wa makaranta kuwa ya rasa daren Juma'arsa, cinikin ya koma inda aka gina sabuwar.

A ganinmu, jami'an da suka yi lissafin albashin malamai ba su sa wannan asara a cikin takardunsu ba, domin ba a aljihun gwamnati ta faɗa ba. 'Yan kasuwarmu sun san irinta. Lokacin da aka rufe makarantun kwana a wasu jihohin arewacin Nijeriya bayan sace ɗalibai a Ƙanƙara a Disamba 2020 da Jangebe a Fabrairu 2021, dalilin tsaro ne ba na kuɗi ba, amma mai kai hatsi da mai wanki da mai shago a bakin ƙofa sun ji a jikinsu.

Akwai wuraren da suka ƙi miƙa wuya. Tun 1934 wani malami a garin Chester na jihar Nebraska, Stephen Epler, ya ƙirƙiro ƙwallon zari-ruga irin ta Amurka mai 'yan wasa shida maimakon sha ɗaya, don makarantar da ba ta da samari da yawa ta samu shiga fili. Har yau ƙananan makarantun Teksas suna buga ta. Indiyana kuwa ta ɗauki wata hanya: bayan gasar 1997 ta raba makarantu rukuni huɗu gwargwadon yawan ɗalibai, saboda haka irin Milan ba ta sake haɗuwa da irin Muncie Central a wasan ƙarshe.