Dubu Talatin A Wata, Nawa Ke Nan A Shekara Talatin?



Ran Asabar da ta wuce, bayan la'asar, ina zaune wurin mai shayi kusa da shataletalen Kpakungu, inda hanyar Bida ta fita daga Minna, sai ga wani maƙwabcina ya iso da fara'a, yana riƙe da wata takarda a ninke. Magidanci ne mai shekara 45, ma'aikacin wata hukumar tarayya a nan garin, kuma da yake ya girme ni Yaya nake ce masa. Ya zauna, ya ce, "Ƙanena, wahalar haya ta kusa ƙarewa. An ce za a ba ni rancen Naira miliyan biyar in ƙarasa ginina, abin da zan riƙa biya kuwa bai wuce dubu talatin a wata ba." Na yi masa murna. Sa'an nan na tambaye shi, shekara nawa zai yi yana biya, kuma nawa kuɗin za su kama gaba ɗaya ranar da ya gama? Ya dubi takarda, ya juya bayanta, ya ce wannan kam ba a faɗa masa ba, shi ma bai tambaya ba.

Ban ga laifinsa ba. Duk wanda ya zauna haya a Kpakungu ya san abin da ke sa mutum ɗoki. Unguwa ce mai cunkoso, lunguna ƙanana, da damina ruwa ya rasa hanyar wucewa, ga shi kuma masu gida ba sa gajiya da ƙara kuɗi, tun ba da ɗalibai da ma'aikatan jami'ar da ke Gidan Kwano suka yawaita a wannan ɓangare na gari ba. Shi wannan Yaya nawa N300,000 yake biya a shekara. Ya daɗe da sayen fili can gaba a hanyar Bida, ya kai gini har linta, sai tsadar 2024 ta tsayar da shi, lokacin da buhun siminti ya kai Naira dubu goma. To, wanda ke cikin wannan hali in an ce masa dubu talatin, ai kunnensa ba ya jin sauran magana.

Rancen da yake nufi shi ne na Asusun Gidaje na Ƙasa, wanda aka kafa da doka ta 3 ta 1992, Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya kuma ke riƙe da shi. Shi bankin an kafa shi tun 1977, ya gaji wata ƙungiyar ba da rancen gini da aka buɗe a 1956, zamanin Turawa. Daga albashin ma'aikaci ake cire kashi biyu da rabi cikin ɗari kowane wata a zuba a asusun, wanda ya yi wata shida yana zubi kuwa yana da ikon neman rance. Kuɗin ruwa kashi 6 ne cikin ɗari a shekara, wa'adin biya kuma yana iya kaiwa shekara 30. A ƙasar nan da wuya a sami rance mai sauƙin wannan. Amma fa sauƙi daban, kyauta daban.

Na ari biro wurin mai shayi, muka yi lissafi a bayan takardar. Wanda ya ci bashin N5,000,000 a kan ruwa kashi 6, zai biya cikin shekara 30, abin da zai riƙa bayarwa kowane wata shi ne N29,978. Ashe dai ba a yi wa Yaya ƙarya ba. Sai dai shekara 30 wata 360 ne, in aka tara kuwa kuɗin sun kama kusan N10,792,000. Watau ya karɓi miliyan biyar, ya mayar da miliyan goma da dubu ɗari bakwai da wani abu. Ruwan kaɗai ya fi uwar kuɗin yawa.

Ba wannan ne ya fi ba shi mamaki ba. Abin da ya sa ya ajiye kofin shayi shi ne yadda ake raba kuɗin da mutum ke biya. Banki yakan fara ɗaukar ruwansa ne a kan abin da ya rage na bashi, sauran canjin shi ke rage uwar kuɗi. A watan farko bashin yana nan cif miliyan biyar, saboda haka ruwan watan N25,000 ne. Cikin N29,978 da aka biya, N4,978 kaɗai suka taɓa bashin. A wata na biyu ma kusan haka, sai 'yar ƙaramar ragowa. Haka za a yi ta tafiya kamar hawainiya. In mutum ya cika shekara 10 bai taɓa fashi ba, zai tarar ya biya kusan N3,597,000, amma da ya je ya tambayi abin da ake binsa sai a ce masa N4,184,000. Shekara goma ta gumi, abin da ya fita daga bashi bai kai dubu ɗari tara ba. Sai an shiga shekara ta 19 kafin abin da ke rage bashi a wata ya fi abin da ke tafiya ga ruwa. Wannan ba zamba ba ce, haka lissafin yake a Minna, haka yake a Ingila. Amma wanda bai san shi ba, ran da larura ta sa ya nemi sayar da gidan a shekara ta bakwai ko ta takwas, zai rantse an cuce shi.

Yaya ya yi shiru, can ya ce, "To ai dubu ashirin da biyar ɗin nan ita ce daidai hayar da nake biya a wata." Lalle kuwa haka ne, N300,000 in an raba gida goma sha biyu. A wajen aljihu dai, a shekarun farko mutum ya bar biyan haya ga mai gida ne ya koma biya ga mai kuɗi.

Daga nan sai muka zo kan abin da ya rushe dubu talatin ɗin gaba ɗaya. Wa'adin shekara 30 na yaro ne wanda bai daɗe da kama aiki ba. Ma'aikacin gwamnati yakan bar aiki in ya cika shekara 60 da haihuwa, ko 35 yana aiki, mai ba da rance kuwa yana so a gama biyansa tun albashi na shigowa. Mai shekara 45 shekara 15 ta rage masa, in ma shekarun aiki ba su riga cika ba. Miliyan biyar cikin shekara 15 kuwa N42,193 ne a wata. Bugu da ƙari, ƙa'ida ita ce abin da ake cirewa kada ya wuce sulusin abin da mutum ke samu. Albashin Yaya N120,000 ne, sulusinsa N40,000, saboda haka ko miliyan biyar ɗin ba za ta fito cikakkiya ba, sai wajen miliyan huɗu da dubu ɗari bakwai. Wanda ya gaya masa dubu talatin ya karanto masa layin wani ne daga jadawali.

Amma a nan akwai abin da ya kamata matasan ma'aikata su lura da shi, su da ƙofar shekara 30 ke buɗe gare su. Gajeren wa'adi yana da nauyi a wata, amma shi ne mai araha. Mai shekara 15 abin da zai biya duka bai kai N7,600,000 ba. Mai shekara 20 zai riƙa ba da N35,822 a wata, jimla kusan N8,597,000. Ku dubi tsakanin shekara 20 da 30: bambancin wata-wata bai kai dubu shida ba, kuɗin da wani ke kashewa a katin waya, amma bambancin ƙarshe ya haura miliyan biyu. Har ila yau, wanda ya riga ya ɗauki na shekara 30, in yarjejeniyarsa ta yarda ya riƙa ɗora N5,000 a kan abin da aka yanka masa, zai gama cikin shekara 21. Sai dai a tambaya tun da fari ko akwai tara ga wanda ya biya kafin lokaci, a kuma tabbata an rubuta cewa ƙarin yana tafiya ga uwar kuɗi ne.

Kada mai karatu ya ce na zo in tsorata mutane. Akwai ɗaya gefen, kuma adalci ne a faɗe shi. Miliyan goman nan ba yau za a biya ta ba, Naira kuwa kowa ya san halinta. A 2011 mafi ƙarancin albashi a ƙasar nan N18,000 ne, a 2019 ya koma N30,000, a 2024 ya zama N70,000, a nan Jihar Neja ma gwamnati ta amince da N80,000. A shekarar 2024 ɗin hauhawar farashi ta wuce kashi 30 cikin ɗari. Wanda aka yanka wa N29,978 kuma aka rubuta cewa ba za ta canja ba, bayan shekara goma sha biyar wataƙila kuɗin ba su fi na cefanen 'yan kwanaki ba, alhali maƙwabcinsa ɗan haya an ninka masa sau nawa. Iyayenmu da suka sami gidajen Shagari a farkon shekarun 1980 suna iya ba da wannan labari. Saboda haka a ganina ruwa kashi 6 wanda ba ya motsi, ga mai albashi tabbatacce, nauyinsa na shekarun farko ne. In mutum ya tsallake su, lokaci yana taya shi biya.

Inda lokaci ba ya taya kowa shi ne rancen bankunan kasuwa. A ƙarshen 2024 Babban Bankin Nijeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27 da rabi cikin ɗari, bankuna kuwa daga nan suke ɗora nasu. Mu ɗauka an ba mutum miliyan biyar ɗin nan a kan kashi 25, shekara 15. Zai riƙa biyan kusan N106,800 a wata, jimla ta haura miliyan goma sha tara. In ya roƙi a ninka masa wa'adi zuwa shekara 30 domin ya sami sauƙi, abin da zai ragu a wata bai kai dubu uku ba, domin kusan duk abin da yake biya ruwa ne. Mafi muni kuma, yawancin irin wannan yarjejeniya tana ba banki ikon ƙara ruwa in kasuwa ta canja. Kalma ɗaya a shafi na huɗu, wadda ba wanda ya karanta, ita ke raba mai gida da gidansa.

Na san da yawa daga cikin masu karatu za su ce duk wannan magana ba tasu ba ce, tun da riba haramun ce. Wannan hukunci na malamai ne, ni ɗan jarida ne. Abin da zan ce shi ne, tun da bankin Jaiz ya fara aiki a 2012 an sami hanyoyin da ba na ruwa ba, kamar banki ya sayi gida ya sayar wa mutum da riba sananniya, ko ya ba shi haya har ya mallaka. Su ma ɗin suna da adadin wata da adadin ƙarshe, kuma wajibi ne mutum ya nemi a rubuta masa duka biyun kafin ya sa hannu.

Sauran abu guda, wanda a Kpakungu shi ne kan gaba. Banki ba ya karɓar jinginar fili sai da takardar mallaka ta gwamnati, kuma bisa dokar filaye ta 1978 jinginar ma sai da amincewar gwamna. Filaye da yawa a unguwannin nan, da Soje da Barkin Sale da na bakin hanyar Bida, abin da mai su ke riƙe da shi takardar ciniki ce da sa hannun mai unguwa da shaidu. Tana da daraja a tsakaninmu, amma a teburin banki ba ta wuce takarda ba. Neman ta gwamnati kuwa kuɗi ne da zirga-zirga: awon fili, zanen gini da amincewar hukuma, mai ƙiyasta darajar gida, lauya, rajista. Bayan an karɓi rance kuma ga inshorar gobara da ta rai, ga harajin fili na shekara-shekara. Ba ɗaya daga cikin waɗannan da ke cikin dubu talatin ɗin da aka faɗa. Ni kaina na taɓa biyan kuɗin fom da na "dubawa" a wani kamfanin dillancin gidaje, shekara biyu ke nan, har yau ban ga gida ba ban ga kuɗina ba, shi ya sa in ana wannan magana nakan ɗan yi zafi.

Da aka kira magariba Yaya ya ninke takardarsa, bayanta duk ya cika da lambobi. Ya ce ran Litinin zai koma ofishin, ya nemi a buga masa jadawalin biya na wata-wata tun daga na farko har na ƙarshe, bisa shekarunsa na gaskiya, a kuma nuna masa inda aka rubuta cewa ruwan ba zai tashi ba. Ya ce kuma zai sake auna ginin, domin in rufi da ƙofofi da ɗaki biyu kaɗai zai gama ya tare, wataƙila miliyan uku ta isa, wadda a shekara 15 ba ta wuce N25,316 a wata ba, kusan daidai da hayar da yake biya yanzu. Filin nasa dai har yanzu takardar mai unguwa gare shi, saboda haka kafin ofishin rance sai ya fara biyawa ta ofishin filaye.