Ƙofar Linux da aka gyara a waje, mu tamu fa?

A watan Yunin 2025 kamfanin tsaron kwamfuta na Qualys da ke Amurka ya bankaɗo wasu kurakurai biyu a Linux. Idan aka haɗa su, mai ƙaramin izini a na'ura zai iya zama root, wato mai wuƙa da nama, ta hanyar udisks, manhajar da ke kula da faya-fayan ajiya.

Ba wannan ne farau ba. A Linux, systemd ke tayar da hidimomin na'ura, polkit kuma shi ne maigadin da ke tantance wanda ya isa ya ba su umarni. Ranar 25 ga Janairun 2022 Qualys ɗin ya sanar da PwnKit, kuskure a cikin maigadin kansa, wanda yake nan tun Mayun 2009. Shekara goma sha biyu da ɗoriya ƙofa na buɗe a Ubuntu da Debian da Fedora da CentOS. A Yunin 2022 hukumar CISA ta Amurka ta sa shi cikin jerin kurakuran da maɓarnata ke amfani da su.

Wani zai ce ai kwamfutocin shagunan buga takardu na Atrone Windows ne. Haka ne. Amma manyan na'urorin da ke riƙe shafukan intanet da rumbunan bayanai galibi Linux ne, kuma can sunayenmu da lambobinmu suke kwana. Wani kuma zai ce sai ɓarawo ya riga ya shiga kafin kuskuren ya amfane shi. To, a ofishin da mutum biyar ke amfani da kalmar sirri ɗaya, har da wanda ya bar aiki bara, shigar ba wuya ba ce.

Gyaran kyauta ne, kuma ya fito tun ranar sanarwa. Abin da yake buƙata shi ne wuta, da intanet, da mutumin da aikinsa ke nan. Na ukun ne ya fi ƙaranci: ɗan kwangila ya girka na'ura, a biya shi, ya kama gabansa. CentOS 7 kuwa an daina yi masa gyara tun 30 ga Yunin 2024.

Chadi na da hukumar ANSICE, wadda dokar 2015 ta kafa don tsaron kwamfuta. A ganina, abu na farko da ya kamata ta nema daga kowace ma'aikatar da ke riƙe bayanan jama'a shi ne jerin na'urorinta, da ranar da aka sabunta kowacce, da sunan wanda ya sabunta.