Kura da shan bugu, gardi da kwasar kuɗi: abin da wani wasan ɗalibai a Amurka ya tuna mini

Yau zan ɗauke ku zuwa Amurka, wurin wani wasa da yawancinmu ba mu kallo. Ku yi haƙuri ku biyo ni, akwai namu a ciki.

Ranar 4 ga Janairun 2006, a filin Rose Bowl da ke Pasadena, jihar Kalifoniya, jami'ar Teksas ta kara da jami'ar Kudancin Kalifoniya, wadda ake ce wa USC, don fidda zakaran jami'o'in ƙasar. Ƙwallon nan ba irin tamu ba ce. Da hannu ake rungumarta a ruga, ƴan wasa sanye da hular kwano, ana bangazar juna kamar raguna. USC ta zo da nasara 34 a jere. Saura ƙasa da minti bakwai a tashi, tana gaba da maki 38 da 26. Sai jagoran Teksas, Vince Young, ya ratsa da ƙafarsa ya ci sau biyu, na ƙarshen saura daƙiƙa 19. Aka tashi 41 da 38. Sama da mutum dubu 90 ne a filin, sama da miliyon 35 suka kalla a tele. Har gobe ana sa shi cikin manyan wasannin tarihinsu.

To, tambayata ita ce: cikin kuɗin tikiti da talla da na gidan tele, nawa aka biya samarin da suka sa jikinsu? Albashi dai babu. Dokar NCAA, hukumar wasannin jami'o'i, ta hana. An yarda a ɗauke musu kuɗin karatu da kwana da abinci, iyakarta ke nan. Shi kuwa kocin Teksas, Mack Brown, bayan ƴan shekaru albashinsa ya kai dalar Amurka miliyon 5 a shekara.

Ku dubi abin da ya sami Reggie Bush, tauraron USC a daren. Shi ya ci kambun Heisman na 2005, wanda ake bai wa gwarzon shekara. A 2010 NCAA ta ce shi da iyayensa sun karɓi kuɗi da gidan zama daga masu neman zama dillalansa. Aka soke nasarorin jami'ar na lokacin, aka hana ta manyan wasannin ƙarshen kaka shekara biyu, aka rage mata guraben karatu kyauta 30. Bush ya maida kambunsa, aka kuma tilasta wa jami'ar ta nisance shi shekara goma. Kocinsa, Pete Carroll, tun watanni kafin hukuncin ya koma horar da ƙwararrun Seattle Seahawks. Yaran da suka rasa guraben nan 30 fa, me suka yi?

Wani zai ce ai doka ce, kuma Bush ya karya ta. Gaskiya ne. Wani zai ce karatu kyauta a Amurka ba ƙaramin abu ba ne. Wannan ma haka ne. Amma a tambayi wa ya rubuta dokar, kuma wa take karewa. Tun shekarun 1950 NCAA ta ƙirƙiro sunan "ɗalibi ɗan wasa", don kada kotu ta ɗauke su ma'aikata a biya su diyya in sun ji ciwo. Walter Byers, wanda ya shugabanci hukumar a lokacin, shi da kansa ya faɗi haka daga baya. A 1955 wani ɗan wasa, Ray Dennison, ya rasu sakamakon bugun kai a fili a jihar Kolorado. Matarsa ta nemi diyyar ma'aikaci, kotun ƙolin jihar ta ce ba ma'aikaci ba ne. Da suna kawai aka raba ta da hakkinta.

Nan ne abin ya taɓa ni. Bayan na gama jami'a, na yi watanni ina sitaj a wani biro. Ni ne zuwa da sassafe, ni ne rubuta rahoto, ni ne tashi a ƙarshe. Ranar da na yi maganar ko kuɗin kabu-kabu, aka ce mini: "Kai ai koyo kake, ka gode Allah da ka samu wuri." Na san da yawa cikinku sun ji irin wannan. Yau a ce da kai ɗan sitaj, gobe ɗan sa kai, jibi ɗan kwantiragi. Aikin ɗaya ne da na ma'aikaci, sunan ne ake sauyawa don kada a biya.

Yadda abin ya sauya a Amurka shi ne darasin. Ba tausayi ne ya kama hukumar ba. A 2009 Ed O'Bannon, tsohon ɗan ƙwallon kwando na jami'ar UCLA, ya kai ƙara bayan ya ga an sa kamanninsa a wasan bidiyo ba a ba shi komai ba. A 2014 ƴan wasan jami'ar Northwestern suka nemi kafa ƙungiyar ƙwadago. Ba su yi nasara ba, amma maganar ta fito fili. A 2019 Kalifoniya ta yi dokar da ta ba ƴan wasa damar cin moriyar sunansu. A Yunin 2021 alƙalan Kotun Ƙolin Amurka su tara duka suka ba NCAA rashin gaskiya a shari'ar Alston, daga 1 ga Yuli kuma aka buɗe ƙofar talla ga ɗalibai. A Afrilun 2024 aka maida wa Bush kambunsa. A Yunin 2025 kotu ta amince da sulhun kusan dalar Amurka miliyar 2.8, jami'o'i kuma suka samu izinin biyan ƴan wasa kai tsaye. Daga rasuwar Dennison zuwa nan, shekara 70.

Ban ce komai ya gyaru can ba. Taurari ne ke kwashe kaso mafi tsoka, kuma har yanzu ana jayayya kan ko su ma'aikata ne. Amma abin da aka kori Bush a kansa kamar ɓarawo, yau ana yin irinsa da rana tsaka.

Saboda haka, matasa, mu daina jin kunyar tambaya. Duk inda aka ɗauke ka sitaj, nemi takarda: wata nawa, wane aiki, me za a ba ka. Mu buɗe kundin dokar aiki mu karanta tare a fadojinmu, maimakon shayi da hira kawai. Mu rubuta abin da ke faruwa da mu, da rana da wata, mu tara shi wuri guda, don mai ƙorafi shi kaɗai saurin kora gare shi. Koyon aiki abu ne mai kyau, ba mu ƙi shi ba. Amma koyon da ba shi da ranar ƙarewa, aiki ne ake ci kyauta.

Allah ya ba mu ikon tsayawa kan hakkinmu.